Tarihin Malam Abdu Mumuni, Masanin Ƙarfin Rana da Ya Shugabanci Jami'ar Yamai

Cikin mutanen da ya kamata ma'aikatan sarauta na ƙasar Zugu su san labarinsu, akwai wani malami na ƙasar Nijar, maƙwabciyarmu ta arewa, wanda a takardun Faransanci ake rubuta sunansa Abdou Moumouni Dioffo. Dalilin kawo tarihinsa shi ne, mutum ne da ya kai matuƙa cikin ilmin Turawa, amma bai auna ilmin nan da kome ba sai da amfanin da talaka zai samu daga gare shi.

Asalinsa da karatunsa

An haife shi a Tasawa, cikin jihar Maraɗi ta yanzu, ran 26 ga Yuni, 1929. Ya yi karatun fari a Damagaram da Yamai, sa'an nan aka kai shi Sanigal, makarantar William Ponty, inda Faransawa ke horon malamai da akawuna na ƙasashen da suke mulki. Daga can ya haye zuwa Faris, ya duƙufa kan ilmin fiziks, watau sanin zafi da haske da lantarki da yadda ƙarfi ke juyawa daga wannan zuwa wancan. A 1956 ya ci jarrabawar nan mai tsanani da gwamnatin Faransa ke zaɓen manyan malamanta da ita, ya zama na fari da ya ci ta a wannan fanni cikin baƙar fata na ƙasashen renon Faransa.

Da ya komo, ya fara koyarwa a Dakar. A watan Satumba na 1958 Janar de Gaulle ya sa aka jefa ƙuri'a, ko ƙasashen su zauna tare da Faransa ko su rabu. Gini kaɗai ta ce a'a, Faransawa kuwa suka fusata, suka kwashe ma'aikatansu da malamansu. Malam Abdu yana cikin 'yan Afirka da suka bar aikinsu mai tsoka suka tafi Konakiri, don kada makarantun Gini su mutu. Tun daga nan aka san irin halinsa.

Littafinsa kan ilmi

A 1964 ya buga littafi da Faransanci kan sha'anin ilmi a Afirka, aka juya shi da Ingilishi a 1968. A ciki ya nuna makarantar mulkin mallaka an kafa ta ne don a sami tafintoci da akawuna, ta kan raba yaro da gona da sana'ar ubansa. Shawararsa ita ce a fara koya wa yaro da harshen da ya sha a nono, a kuma haɗa karatu da aikin hannu. Wannan magana tana da nauyi a can, gama a zamanin mulkin mallaka, a ƙasar Faransi da Faransanci kaɗai ake karatu tun daga ajin fari, alhali a wannan ɓangare, a lokacin, makarantun elementare na En'e da Hausa suke koyarwa, jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ma ta fara fita daga Zariya a 1939.

Aikin rana

Abin da ya fi ba da ƙarfinsa gare shi, shi ne rana. Ya duba ƙasarsa, ya ga ba ta da teku, man da injuna ke sha daga nesa ake ɗauko shi da tsada, mata na kwana neman itacen girki, daji na ƙarewa, hamada na matsowa. Ga rana kuwa tana dukan ƙasa kusan kowace safiya, ba mai biyan ko anini. Ya tafi Rasha ya ƙaro sani a kan wannan, a 1964 ya kafa ɗakin binciken ƙarfin rana a Bamako, a 1967 ya sami digirin dakta a Faris. A 1969 ya dawo gida, aka danƙa masa ofishin ƙarfin rana na Nijar da ake kira ONERSOL, ya riƙe shi har 1985.

Ga yadda dabarar take. A kan ƙera madubi mai lanƙwasa kamar indararo, a shimfiɗa bututu a tsakiyarsa. Hasken da ya faɗo bisa madubin duka sai ya taru kan bututun, abin da ke ciki ya tafasa, tururinsa ya juya inji, injin kuwa ya ja ruwa daga rijiya ko ya ba da wutar lantarki. Ban da wannan, ma'aikatan ofishin sun ƙera tukunyar ɗumama ruwa, da murhun girki, da abin tace ruwa, da na shanya amfanin gona, duka da rana suke aiki, a Yamai kuma aka yi su da hannun 'yan ƙasa. Farin da ya tsananta a 1973, ya hallaka dabbobi ya tada ƙauyuka, ya nuna wa masu shakka cewa malamin ba wasa yake yi da madubi ba.

Shugabancin jami'a

An kafa babbar makarantar Yamai a 1971, ta zama cikakkiyar jami'a a 1973, shugabanta na fari shi ne Boubakar Ba, masanin lissafi. A 1979, zamanin mulkin Seyni Kountché, aka naɗa Malam Abdu ya gaje shi. Ya ɗauki nauyin jami'a ba tare da ya saki ofishin rana ba, domin a ganinsa ɗakin karatu da maƙera abu ɗaya ne. Bayan 'yan shekaru ya sauka, ya ci gaba da koyar da ɗalibai kamar sauran malamai, har Allah ya karɓi ransa a Yamai ran 7 ga Afrilu, 1991. A 1992 aka sa wa jami'ar sunansa.

Abin lura

Ba duk abin da ya ƙera ne ya yaɗu ba. Injin madubi yana da tsada, yana kuma son gyara na gwani, saboda haka farantan sola, waɗanda ke mai da haske lantarki kai tsaye ba tururi, su suka ci kasuwa da kuɗinsu ya sauko. Amma asalin maganarsa ya tabbata. A 1982 aka kafa cibiyar binciken makamashi a jami'ar Sakkwato, yau kuwa ga rijiyoyin burtsatse da ɗakunan shan magani suna aiki da rana a garuruwa masu nisa da turakun lantarki.

To, hakimi da magatakarda, ma'aji da malamin daji, kowa yana da rabonsa cikin wannan labari. Malam Abdu ya yi aiki shekaru fiye da ashirin kafin a ba shi kujera, da ya bar ta kuma girmansa bai ragu ba. Muƙami aro ne, a kan karɓa a mayar, abin da mutum ya shuka a cikinsa shi jama'a ke girba bayansa. Allah ya jiƙansa, ya ba ƙasar Zugu zaman lafiya da ma'aikata masu irin himmarsa, amin.