MAI TSARA DANDALI: DAGA JOHN BOX ZUWA SHAIHU UMAR

Maƙalarmu ta wannan mako ta shafi mutumin da sunansa ke wucewa a ƙarshen fim bayan 'yan kallo sun watse, wato mai tsara dandali. Shi ne yake yanke shawarar irin ɗakin da za a gani, da kayan da ke cikinsa, da launin bango, har da tabarmar da jarumi zai zauna a kai.

A Ingila sana'ar ta daɗe da tsayawa da ƙafarta, kuma John Box (1920 zuwa 2005) yana cikin manyanta. Zanen gine-gine ya karanta, ya yi aikin soja a Yaƙin Duniya na Biyu, sannan ya shiga harkar fim. Lambar Oscar huɗu ya ci: Lawrence of Arabia (1962), Doctor Zhivago (1965), Oliver! (1968), da Nicholas and Alexandra (1971). A na farkon, ana buƙatar garin Aƙaba yadda yake a 1917, sai Box ya gina shi daga tushe a bakin teku a yankin Almeriya na ƙasar Sifen. A na biyun, babu halin ɗaukar fim a Tarayyar Sobiyet domin an haramta littafin a can, sai ya gina titunan Mosko a gefen Madrid. Gidan da ƙanƙara ta lulluɓe cikinsa kuwa, da kakin zuma aka yi ƙanƙarar.

Mu ma muna da namu tarihin. A 1976 Adamu Halilu ya mayar da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa fim, bayan Umaru Ladan da Dexter Lyndersay sun mayar da shi wasan kwaikwayo. Labarin na zamanin cinikin bayi ne, daga Kagara har a ƙetare Sahara, don haka dole aka nemo sutura da ayarin raƙuma da gidajen ƙasa da suka dace da lokacin. Fim ɗin ya yi shekaru ba a ganinsa, sai da aka gano faifansa a ma'ajiya a Legas, aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a 2018.

Da finafinan bidiyo suka zo, daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a Kano a 1990, sai lissafi ya canja. Jari kaɗan ne, kwanakin ɗauka kaɗan ne. Furodusa ya ari falon wani alhaji ko ya kama otal, a shiga a fito. Abin da ya biyo baya mun san shi: gidan malamin makaranta da gidan ɗan kasuwa duk kujeru iri ɗaya. Shirin gina ƙauyen fim a Ƙofa ta ƙaramar hukumar Bebeji, wanda gwamnatin tarayya ta sanar a 2016, an janye shi bayan suka daga malamai da jama'a. Har yau aron gida shi ne ginshiƙin aikin.

To, ina ruwan marubuci? Mai tsara dandali ba ya ƙirƙira daga iska, daga takarda yake farawa. Idan muka rubuta "ta shiga ɗaki" muka tsaya, mun bar shi da abin da ya samu a lokeshan.

Mu ɗauki misali daga nan gida. A ce ɗayanmu zai rubuta fim a kan yaƙin Haɗejiya na Afrilun 1906, inda Sarki Muhammadu ya yi shahada a hannun sojojin Ingila, kuma wata fitowa ta faɗo a Auyo. Wanda ya kafa kyamara a fadamarmu yau zai kwaso magudanan noman rani, da ciyawar kachala wadda ta mamaye hanyoyin ruwa bayan gina madatsun Tiga da Challawa, da itatuwan darbejiya waɗanda sai a zamanin Turawa aka shigo da su. A gari kuma ga rufin kwano da bulo da wayar lantarki. Abin da ya kamata a gani shi ne tubali da azara, shigifa da bukkar kara, akushi da ƙwarya, fitilar aci-balbal, wuri a matsayin kuɗi, da masunci kwance a kan gora. Idan marubucin bai san waɗannan ba, wa zai faɗa wa darakta?

Abin damuwar shi ne masu wannan sani suna ƙarewa. Harshen Auyakawa ya riga ya ɓace, kowace ambaliya tana cin gidajen ƙasa, masu su kuma suna mayar da su na siminti. Aikinmu na wannan mako: kowa ya sami dattijuwa a unguwarsu, ya tambaye ta yadda aka yi jeren ɗakinta ranar aurenta, kaya ɗaya bayan ɗaya, da sunan kowanne da inda aka ajiye shi. A rubuta shafi guda, a kawo mu karanta tare.

Allah Ya ƙara basira.