Charles McCarry: Jami'in CIA da ya koma marubucin labaran leƙen asiri

Charles McCarry marubuci ne ɗan ƙasar Amurka wanda ya yi fice a ƙagaggun labaran leƙen asiri. Ya bambanta da yawancin takwarorinsa domin ya yi aikin da kansa kafin ya ɗauki alƙalami.

Rayuwarsa

An haife shi ranar 14 ga Yuni, 1930, a garin Pittsfield na jihar Massachusetts. Ya yi aikin soja, inda ya zama wakilin jaridar sojojin Amurka, Stars and Stripes, daga baya kuma ya riƙa rubuta jawabai a gwamnatin Shugaba Eisenhower. A shekarar 1958 ya shiga hukumar leƙen asiri ta CIA, ya yi aiki a ɓoye a Turai da Asiya da Afirka har zuwa 1967. Lokacin ne ƙasashen Afirka ke karɓar 'yancin kai, Amurka da Tarayyar Sobiyet kuma na rububin mallake sabbin gwamnatoci. Bayan ya bar hukumar, ya yi aikin edita a mujallar National Geographic. Ya rasu ranar 26 ga Fabrairu, 2019, a jihar Virginia.

Ayyukansa

Littafinsa na farko na ƙagaggen labari, The Miernik Dossier, ya fito a 1973. An gina shi da rahotannin jami'ai da wasiƙu da maganganun da aka naɗa a asirce, game da wata tafiya a mota daga Janeba zuwa Sudan. Mai karatu ne zai auna shaidun ya yanke hukuncin ko mutumin da ake zargi ɗan leƙen asiri ne ko kuwa an zalunce shi. A nan ne Paul Christopher ya fara bayyana, jami'in da ya zama tauraron yawancin littattafansa.

A The Tears of Autumn na 1974, Christopher ya bi diddigin kisan Shugaba Kennedy, ya gano cewa ramuwar gayya ce kan kisan shugaban Kudancin Biyetnam, Ngo Dinh Diem, wanda aka hallaka makonni uku kafin nan. Wannan ƙirƙira ce ta marubucin, ba tarihi ba. Abin lura shi ne ƙarshen labarin: jami'in ya kawo gaskiya, mahukunta suka binne ta domin kada ta zubar da mutuncin ƙasa.

The Better Angels na 1979 ya kwatanta 'yan ƙunar baƙin wake, da kuma jami'an leƙen asiri da suka yi amfani da kwamfuta wajen murɗe zaɓen shugaban ƙasa. Shelley's Heart na 1995 ya ci gaba da labarin rikicin da maguɗin ya haifar.

Muhimmancinsa

Miyagun McCarry ba kasafai suke zama azzalumai na fili ba. Galibi masu ilimi ne da suka yi imanin cewa ƙasa suke ceta, wannan imanin kuma ya halatta musu ƙarya da kisa da satar ƙuri'a. Tarihi bai ƙaryata shi ba: a 1975 wani kwamitin majalisar dattawan Amurka ya tabbatar da cewa CIA ta kitsa makircin kashe firaministan Kwango, Patrice Lumumba, da guba.

Ga matashin da ya shaida taƙaddamar ɗora sakamakon zaɓen shugaban Nijeriya na 2023 a intanet, tambayar da McCarry ya jefa tun 1979 ba baƙuwa ba ce: idan na'ura ce ke riƙe da ƙuri'a, wa ke sa ido a kan masu riƙe da na'urar?