Tarihin Samanja Mazan Fama

 Ran 12 ga watan Nuwamba 2023 Allah ya yi wa Alhaji Usman Baba Pategi rasuwa a Kaduna, yana da shekara 81. In na tsaya ga wannan suna, da yawa za su ce ba su san shi ba. Amma in na ce Samanja, to, duk wanda ya taɓa kama Rediyo Kaduna a nan Madawa, ko Buza, ko Keita, ko wanda ya yi zaman Nijeriya, ya san wanda nike nufi. Shi ya sa na ga ya dace a rubuta tarihinshi cikin wannan takarda tamu.

Abu na farko da zai ba ku mamaki, Samanja ba Bahaushe ba ne. Banufe ne. An haife shi a 1942 a garin Pategi, bakin kogin Kwara, cikin jihar Kwara ta yanzu, kuma ɗan gidan sarauta ne. Bayan ya yi lakkol ya tafi Kaduna, ya yi aiki gidan rediyo, daga nan ya shiga soja. Ku lura da wannan, don cikin bariki ya samo abin da ya ci da shi har ƙarshen rayuwarshi.

Yaƙin basasar Nijeriya, wanda muka fi sani da yaƙin Biyafara, an yi shi daga 1967 zuwa 1970. Kafin yaƙin, sojan ƙasar duka kamar dubu 10 ne. Da aka ƙare sun kai wajen dubu 250. Ina za a zuba wannan taro? Barikoki ba su isa ba, sai soja suka cika unguwanni, suna haya gida ɗaya da farar hula, suna kasuwa ɗaya, suna shiga mota ɗaya. Ga shi kuma mulki yana hannunsu tun 1966. Talaka yana ganin kaki sai gabanshi ya faɗi. Cikin wannan hali ne, a farkon shekarun 1970, aka fara wasan Samanja Mazan Fama a Kaduna, ana jin shi a rediyo, ana ganin shi a talabijin.

Sunan kanshi daga Ingilishi ya fito. Muƙami ne na soja, kusa da wanda mu nan muke kira ajidan: ba hafsa ba ne, amma shi ke riƙe da ƙananan soja, shi ke tsawa a fareti. Usman Baba ya ɗauki wannan mutum da kowa ke tsoro, ya kai shi gaban jama'a da gashin bakinshi da hargowarshi, ya nuna shi cikin bariki da cikin gidanshi, inda rigimar iyali ba ta san igiya ba. Shi ke shirya wasan, shi ne kuma babban ɗan wasa. Yadda ake irin wannan aiki a lokacin, ba a cika rubuta kowace magana a hardace ta ba. A tsara labari, a raba wa kowa nashi, sauran kuma ya rage ga bakin ɗan wasa. Wanda bai da kunne ba ya iyawa.

Kunnen nan shi ne dukiyar Samanja. Tun zamanin Ingilishi, Hausa ce harshen bariki a Nijeriya, amma sojan da ke yin ta da yawa ba Hausawa ba ne: akwai Tibi, da Angas, da Bachama, da Nufawa, da sauransu. Suka yi tasu Hausar, wadda ake kira barikanci, ba ruwanta da namiji ko mace, an cuɗa ta da Turancin umurni. Malamai suna raina ta. Samanja ya ɗauke ta ya mai da ita abin wasa, yana fara magana da Hausa, ya karya ta da Turanci, ya koma, har mai sauraro ya riƙe ciki. A ganina dariyar ba ta raini ba ce. Bahaushe yana dariya don ya ji an murɗe harshenshi, soja yana dariya don ya ji kanshi, kuma duka biyun suna zaune gaban akwati ɗaya.

Mu ma bai kamata mu yi wa barikanci dariya da yawa ba. Wanda ke cewa ya tafi lakkol ya ga mushe, ya biya ta wurin lokotoro, jandarma ya tsai da shi, shi ma cuɗawa yake yi. Kuma dattawanmu sun san tsofaffin sojan Faransa da suka komo gida da nasu Faransancin.

Da wasan ya yi ƙarfi, gidan talabijin na ƙasa, NTA, wanda aka kafa a 1977, ya riƙa nuna shi ko'ina cikin Nijeriya, aka ƙara mishi Turancin Buroka don mutanen kudu su gane. Mu a nan, talabijin ta Nijar ba ta kama aiki sosai ba sai wajen 1979, ƙarƙashin Seyni Kountché, wanda shi ma da kaki ya karɓi mulki ran 15 ga Afrilu 1974. Saboda haka mafi yawanmu da kunne muka san Samanja, ko ta bakin ƴan ci-rani da suka komo da damina suna kwaikwayon muryarshi.

Kada kuma a ce wasa ya gyara soja. A 1983 Nijeriya ta kori baƙi, aka sake a 1985, kuma gwamnatin Janar Buhari ta rufe iyaka daga 1984, daidai lokacin fari, har yunwar shekarar muka sa mata suna El Buhari. Waɗanda suka ratsa iyaka a wannan lokaci sun san sojan shinge ba Samanja ba ne. Wasu ma suna iya cewa wasan ya yi wa masu mulki amfani, don ya nuna soja mutum ne mai faɗa amma mai gaskiya. Akwai ƙamshin gaskiya a nan. Amma ni na fi duba wancan gefe: a ƙasar da soja ke mulki, talaka ya samu inda zai kalli mai kaki ya yi dariya a fili, ba wanda ya kama shi.

Shi da irin su Kasimu Yero, wanda ya rasu a 2017, da Umaru Ɗanjuma Katsina, su ne suka share hanya kafin finafinan Kano da yaranmu ke kallo a waya. Dattawa da ke cewa wasan kwaikwayo aikin marasa asali ne, sai su tuna wannan ɗan gidan Etsu Pategi ne. Allah ya jiƙan shi, ya sa ya huta.