Hamisu Iyan-Tama da Shigar Fiyano Cikin Fim ɗin Hausa

Idan muka waiwayi tarihin fim ɗin Hausa na bidiyo, wanda ya soma da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a Kano cikin 1990, za mu tarar akwai mutumin da ba a cika ba shi haƙƙinsa ba, wato Alhaji Hamisu Lamiɗo Iyan-Tama.

Kafin shekarun 1990 su ƙare, kamfaninsa, Iyan-Tama Multimedia, ya kafa ɗakin ɗaukar sauti, ya kawo fiyanon Yamaha mai kwaikwayon muryoyin kayan kiɗa iri-iri. Wannan ya sauya al'amura ƙwarai, domin yaro guda zai zauna ya haɗa abin da a da sai an tara makaɗa. Kuɗi suka ragu, waƙa ta yi araha, masu shirya fim suka yi ca a kanta. Da Sangaya ya fito a 1999, sai ya zamana waƙa ce ke sayar da kaset, labari yana biye. Mu nan Maƙarfi da Ikara da Kudan shaida ne, ɗalibanmu kan haddace waƙar tun ba su ga fim ɗin ba.

A ganinmu, abin da ya bambanta Iyan-Tama shi ne bai yarda waƙa ta tsaya ga soyayyar gindin fulawa ba. A Tsintsiya, wanda ya fito a 2008 da tallafin ofishin jakadancin Amurka, ya ɗauko tsarin West Side Story, fim ɗin 1961 da aka gina da waƙa da rawa kan gabar ƙungiyoyin samari biyu a birnin Niyok, ya ɗora shi a kan rikicin ƙabilanci da na addini a ƙasar nan. Gwaji ne mai haɗari, musamman ga wanda ya san abin da ya auku a Kaduna cikin 2000.

Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano ta tuhume shi da fitar da fim ɗin ba tare da ta duba ba, da kuma rashin rajista. Ya musanta. Duk da haka, ƙarshen Disamba 2008 kotun tafi-da-gidanka ta ɗaure shi. Sai a Maris 2009 Babbar Kotu ta soke hukuncin, bayan ya kwashe fiye da wata biyu a kurkuku.