Guru Granth Sahib

Guru Granth Sahib (suna, namiji). Littafi mai tsarki na mabiya addinin Sikh, wanda ya samo asali a Punjab. Guru Arjan ya tattara shi, aka ajiye shi a Amritsar a 1604. A 1708 Guru Gobind Singh ya naɗa littafin a matsayin magajinsa, daga nan ba a sake naɗa mutum a matsayin Guru, wato jagoran addinin, ba. Shafi 1,430 ne, cikin rubutun Gurmukhi, galibinsa waƙoƙin yabon Ubangiji ɗaya. Akwai baitocin Shehu Farid, sufi Musulmi, da na Namdev, waliyyin Hindu, shi ya sa masu nazarin zaman tare tsakanin addinai ke kafa hujja da shi. Misali: *Ba a zama gaban Guru Granth Sahib da takalmi ko kai a buɗe.*