Idris na Wales: Asali, Ma'ana da Tarihin Sunan da Ya Yi Kama da Namu

Tsakure

Wannan maƙala ta bi diddigin sunan Idris kamar yadda mutanen Wales, a yammacin tsibirin Birtaniya, suke raɗa wa 'ya'yansu maza. Ta nuna cewa sunan ya tsiro ne daga cikin harshensu na Cymraeg, kuma ba shi da dangantakar asali da Idris na Larabci wanda Hausawa suka gada ta hanyar Musulunci. An bibiyi matakai uku da sunan ya ratsa: sunan sarki a ƙarni na 7, sunan basamude a tatsuniyoyin tsauni, sannan sunan da aka farfaɗo da shi a zamanin fafutukar kare harshe. Maƙalar ta tsaya a kan cewa kamannin furuci kaɗai ba ya zama hujjar dangantaka a nazarin sunaye.

Fitilun kalmomi: Idris, Wales, Cymraeg, nazarin sunaye, asalin kalma

1.0 Gabatarwa

Bahaushen da ya ji an kira wani dattijo Bature da sunan Idris a garin Dolgellau ko a kwarurrukan kudancin Wales, abin da zai fara zuwa masa a rai shi ne ko dai mutumin ya musulunta, ko kuwa kakanninsa sun aro sunan daga Larabawa. Dukkan zaton biyu suna da uzuri, domin harufan ɗaya ne, furucin ma ya yi kusa. Sai dai masu iya magana sun ce kama da wane ba ta wane. Idris na Wales yana da nasa tushe da nasa tarihi, waɗanda rubutattun hujjoji suka kai su aƙalla ƙarni na 7 na Miladiyya. Manufar wannan maƙala ita ce fayyace wannan tarihi, da nuna yadda suna guda yake iya ɗaukar labarin faɗuwa da tashin harshen al'umma.

2.0 Ginin Sunan a Harshen Cymraeg

Cymraeg na daga cikin harsunan Keltik, ɗan'uwa ne ga harshen Breton na arewa maso yammacin Faransa da harshen Cornwall. A tsohon rubutunsa sunan yana fitowa ne da siffar Iudris, wadda ta ƙunshi gaɓoɓin ma'ana biyu. Na farko shi ne iud, wanda daga baya ya zama udd, ma'anarsa shugaba ko ubangida. Na biyu shi ne ris, wanda ake danganta shi da zafin zuciya da himma, kuma shi ne tushen sanannen sunan nan Rhys. Idan aka haɗa su sai a sami ma'anar shugaba mai zafin nama.

Abin da ya ƙarfafa wannan fashin baƙi shi ne yadda iud ya yi rassa a cikin wasu sunaye na harshen. Yana farkon Idwal da Idnerth da Ithel, wanda tsohuwar siffarsa Iudhael take nufin shugaba mai kyauta. Yana kuma ƙarshen Gruffudd da Maredudd, waɗanda Ingilishi ya mayar da su Griffith da Meredith. Ke nan Idris ɗaya ne daga cikin dangin sunaye masu gini iri guda, irin waɗanda gidajen sarauta suka fi so, inda ake haɗa kalmar mulki da wata siffar yabo. Masana sun yi saɓani a kan asalin ita kanta iud: wasu na ganin ta fito daga tsohuwar saiwar Keltik mai nufin yaƙi, wasu kuma na ganin aro ce daga kalmar Latin ta alƙali, wato iudex, tun zamanin mulkin Rumawa a Birtaniya. Ko wanne ra'ayi aka ɗauka, kalmar 'yar Turai ce.

Furucin ma yana da bambanci ga mai kasa kunne. Mutanen Wales suna danna gaɓar farko su gajarta ta biyu, alhali a Larabci gaɓa ta biyu ce ake ja.

3.0 Idris Sarkin Meirionnydd

Mutum na farko da tarihi ya adana da wannan suna shi ne Idris ɗan Gwyddno, sarkin Meirionnydd, ƙaramar masarauta a gaɓar tekun yammacin Wales. Tsofaffin jerin nasaba da ke cikin rubutun hannu mai lamba Harley 3859, wanda ke ajiye a babban ɗakin karatu na Birtaniya a Landan, sun kai salsalarsa ga Meirion, wanda aka sa wa ƙasar sunansa, daga nan kuma ga Cunedda, kakan da gidajen sarautar arewacin Wales suke jingina kansu gare shi.

Kundin tarihin shekara-shekara da ake kira Annales Cambriae, wanda aka harhaɗa a ƙarni na 10 daga bayanan da suka girme shi, ya ambaci wata mummunar kashe-kashe a bakin kogin Severn a shekarar 632, tare da yanka Iudris. Kundin tarihin Ulster na ƙasar Ailan shi ma ya ambaci yaƙin Iudris sarkin Birtaniyawa a kusan wannan lokaci. Samun labarin a kundaye biyu daga ƙasashe biyu yana nuna cewa mutuwarsa ta yi amo har ƙetaren teku. Zamani ne na gwabzawa tsakanin sarakunan Wales da masarautun Ingilishi masu tasowa, domin a 633 ne Cadwallon sarkin Gwynedd, tare da Penda na Mercia, ya kashe Edwin sarkin Northumbria.

Shekarar 632 tana da nauyi na musamman ga wannan bincike, domin ita ce shekarar wafatin Manzon Allah (SAW). Mutumin da ya mutu yana sarki a wannan shekara, an raɗa masa suna tun shekaru da dama kafin haka, wato kafin Musulunci ya fita daga tsibirin Larabawa. Wannan kaɗai ya isa ya rufe ƙofar zaton cewa sunan ya shiga Wales ta hanyar Alƙur'ani ko hulɗa da Musulmi.

4.0 Daga Sarki Zuwa Basamude

Masarautar Meirionnydd ta narke cikin Gwynedd, labarin sarkin ya dusashe, amma sunan ya maƙale a jikin tsauni. Cadair Idris, wanda tsayinsa ya kai mita 893, yana kudu da garin Dolgellau, cikin tsohuwar ƙasar sarkin. Kalmar cadair tana nufin kujera, kuma aro ce daga cathedra ta Latin. Mutanen yankin suna furta ta da cader, abin da ya sa har yau ake taƙaddama a kan wace siffa ta cancanci allunan hanya.

A bakin jama'a Idris ya rikiɗa ya zama Idris Gawr, wato Idris basamude, wanda tsaunin ya zame masa kujerar zama. Ana nuna wasu manyan duwatsu uku a gindin tsaunin a ce tsakuwoyi ne da ya kakkaɓe daga takalminsa. Malamin nan Siôn Dafydd Rhys ya tattara labaran basamudawan Wales a wajajen shekarar 1600, Idris na cikinsu. Mafi shaharar camfin shi ne cewa duk wanda ya kwana a ƙololuwar tsaunin, to zai wayi gari ko dai mawaƙi ko mahaukaci. Felicia Hemans ta gina wata waƙarta a kan wannan camfi a 1822, abin da ya yaɗa shi ga masu karanta Ingilishi.

Daga nan ne wani ruɗani ya shigo. Edward Williams (1747-1826), wanda aka fi sani da Iolo Morganwg, masani ne mai basira amma gwanin ƙirƙirar "tsofaffin" takardu. A cikin jerin zantukan uku-uku da ya shigar a kundin Myvyrian Archaiology (1801-1807), ya sanya Idris Gawr cikin manyan masanan taurari uku na tsibirin Birtaniya. Binciken ƙarni na 20, musamman na Griffith John Williams, ya tabbatar da cewa Iolo da kansa ya ƙaga da yawa daga abin da ya ce ya kwafo. Amma kafin a gano haka, wasu marubutan ƙarni na 19 sun riga sun lura cewa a ruwayoyin Musulmi ana danganta Annabi Idris (AS) da fara rubutu da alƙalami da duban taurari. Sai suka ɗauki wannan dacewa a matsayin shaidar cewa basamuden Wales da annabin mutum ɗaya ne. Gadar da aka gina tsakanin sunayen biyu, a kan ƙirƙirarriyar takarda aka dasa ginshiƙinta.

5.0 Idris na Larabci

Alƙur'ani ya ambaci Idris sau biyu, a Suratu Maryam da Suratul Anbiya'i, kuma malamai da dama sun ce shi ne Akhnukh na littattafan Bani Isra'ila. Abin lura shi ne, malaman Larabci da kansu sun yi taka-tsantsan da kamannin furuci. An sami masu cewa sunan ya fito daga darasa saboda yawan karatunsa, amma Zamakhshari a cikin Al-Kashshaf ya ƙi wannan, da hujjar cewa sunan ba ya karɓar tanwini, kuma dalilin haka shi ne kasancewarsa sunan ajami. Ta hanyar Musulunci sunan ya bazu: Idris na Farko ya kafa daula a Maroko a 788, Mai Idris Alooma ya mulki Borno a ƙarni na 16, Hausawa kuma suka mayar da shi Idrisu da Idi. Wannan hanya ba ta taɓa ratsawa ta Meirionnydd ba.

6.0 Dusashewa da Farfaɗowa

A al'adar Wales ta dā ana kiran mutum da sunansa da na mahaifinsa, a haɗa su da ap ko ab, wato ɗan wane. Dokokin 1536 da 1543, a zamanin Henry na Takwas, sun haɗe Wales da tsarin shari'ar Ingila, suka kuma mayar da Ingilishi harshen kotu da muƙami. Sannu a hankali sunayen iyali tsayayyu suka maye gurbin tsohon tsari: ap Rhys ya zama Price, ap Hywel ya zama Powell, ab Owain ya zama Bowen. Sunayen yanka suka taƙaita ga 'yan kaɗan irin su John da William da David, shi ya sa Jones da Williams da Davies suka cika ƙasar. Tsofaffin sunaye irin Idris suka koma cikin takardun nasaba da sunayen wurare.

Ƙarni na 19 ya zo da matsi da kuma martani. Rahoton gwamnati na 1847 kan ilimi a Wales, wanda ake kira Shuɗɗan Littattafai, ya zargi harshen da zama sanadin jahilci da lalacewar tarbiyya. A wasu makarantu ana rataya wa yaron da aka kama yana magana da harshen uwarsa wani katako a wuya. A daidai wannan zamani kuma bukin gasar waƙa da adabi na eisteddfod ya bunƙasa, iyaye suka fara komawa ga sunayen sarakuna da jarumai da tsaunuka. Idris na cikin waɗanda suka dawo, kuma shaharar tsaunin da ƙagaggun labaran Iolo sun taimaka wajen dawowar tasa.

Masu ɗauke da sunan a ƙarni na 20 sun nuna faɗin wannan farfaɗowa. Idris Davies (1905-1953), ɗan garin Rhymney, ya shiga mahaƙar kwal yana ɗan shekara 14, bayan yajin aikin 1926 ya koma karatu ya zama malamin makaranta kuma mawaƙi. Littattafansa Gwalia Deserta (1938) da The Angry Summer (1943) sun adana wahalar mahaƙa. Da Cymraeg ya tashi, amma da Ingilishi ya yi yawancin rubutunsa. Idris Foster ya riƙe kujerar farfesan nazarin Keltik a Jami'ar Oxford daga 1947 zuwa 1978. Harold Idris Bell (1879-1967) kuwa, mai fassara waƙoƙin Wales, shi ne ya buga a 1910 tarin tsofaffin takardun Girkanci na Aphrodito a Masar, waɗanda suka ƙunshi wasiƙun gwamnan Umayyawa Ƙurra bin Sharik.

Duk da haka, dawowar sunaye ba ta tsayar da ja-da-bayan harshen ba. Ƙidayar 1901 ta nuna kusan rabin mutanen Wales suna jin Cymraeg, ta 2021 kuwa ta nuna kashi 17.8 cikin ɗari, kimanin mutum 538,000. Dokar 2011 ta ba harshen matsayin hukuma, gwamnatin Wales kuma ta sa burin samun masu magana da shi miliyan ɗaya nan da 2050. Tarihin Idris Davies ya isa misali: iyaye na iya ba ɗa sunan gargajiya, amma harshen da zai yi rubutu da shi makaranta da kasuwar aiki ne ke zaɓa masa.

7.0 Kammalawa

A yau sunayen biyu suna zaune a unguwa ɗaya. Tun ƙarni na 19 ma'aikatan jiragen ruwa daga Yaman da Somaliya suka zauna a Butetown ta birnin Cardiff, saboda haka a aji guda ana iya samun Idris jikan mahaƙin kwal da Idris jikan matuƙin jirgi. Fitaccen ɗan wasan fim Idris Elba, wanda cikakken sunansa Idrissa ne, mahaifinsa ɗan Saliyo mahaifiyarsa 'yar Ghana, daga reshen Afirka ta Yamma ya sami nasa.

Ga masu nazarin sunayen Hausa, wannan tarihi yana tunatar da ƙa'idoji uku. A nemo tsohuwar siffar suna kafin a kwatanta shi da wani, domin Iudris bai yi kama da Idris na Larabci kamar yadda siffar yau ta yi ba. A duba ko ginin sunan yana da 'yan'uwa a cikin harshen, kamar yadda Idwal da Ithel suka tsaya wa Idris shaida. Sannan a tambayi ta wace hanya, a wane zamani, aro zai yiwu. Mun saba jingina asalin kalmomi da garuruwa ga Gabas da zarar furuci ya yi kama, kuma a lokuta da dama tarihi yana gaskata hakan. Idris na Wales ya nuna cewa akwai lokacin da tarihi yake ƙaryatawa, kuma tantance lokutan biyu shi ne aikin mai bincike.