Jean Servais: Mai Murya da Shiru Ya Ɗaukaka

An haifi Jean Servais a Antwerp ta Beljiyam a 1910, amma a Faransa ya yi suna, tun da ya fito a matsayin saurayi Marius cikin Les Misérables na 1934. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu ƙuruciya ta gushe, tauraronsa ya dusashe. Muryarsa mai kauri ce ta rage masa jari, ita Max Ophüls ya ɗora wa ba da labari a Le Plaisir na 1952.

Sai ga shi shiru ne ya farfaɗo da shi. Jules Dassin, wanda Hollywood ta juya wa baya bisa zargin kwaminisanci, ya ba shi matsayin Tony, gajiyayyen ɓarawo mai tari, a Rififi na 1955. Kusan rabin sa'a ana fasa shagon lu'ulu'u, babu magana, babu kiɗa, fuskarsa kaɗai ke bayani. Ya rasu a Paris a 1976.